Cutar da babu ita: yadda mutum zai rikiɗa ya zama oktofus a ƙauyen masunta

Rikiɗa ba baƙuwa ba ce a labaran Hausa. Duk wanda ya tashi a ƙauye ya ji labarin mutumin da yakan zama kura da daddare, ko 'yan ruwa da suke jan mai wanka su nutse da shi. A irin waɗannan labarai ba a tambayar yadda aka yi. Mutum ya yi girgiza ya koma dabba, shi ke nan. Amma marubutan da suka fara gwada ƙagaggen labarin kimiyya, musamman masu sakin littafi shafi-shafi a WhatsApp da Wattpad, sun ɗauko wa kansu wani nauyi dabam. Da zarar ka ce cuta ce ba asiri ba, mai karatu zai nemi hanyar kamuwa, da alamomi, da tsawon lokaci, da abin da ke kashewa. Wannan fashin baƙi a kan wata cuta ce ta ƙage, wadda take mayar da mutum halitta mai kama da oktofus, dabbar tekun nan mai hannu takwas, da yadda za a gina ta a ƙauyen masunta na Kano ko Jigawa ba tare da ginin ya rushe ba.

A sani tun farko, babu wannan cuta. Ba a taɓa samun mutumin da ya zama oktofus ba, kuma duk bidiyon da ya nuna haka a waya haɗi ne na kwamfuta. Wanda ƙafarsa ta kumbura, ko fatarsa ta sauya launi, ko ƙashinsa ya yi laushi, ciwo ne na gaske mai suna, kamar tundurmi ko kuturta ko ƙarancin sinadari, kuma asibiti ne wurinsa.

Ita dabbar, Hausawa da yawa sun fara jin labarinta ne a gasar cin kofin duniya ta 2010, lokacin da wadda aka raɗa wa suna Paul a Jamus ta yi ta canka sakamakon wasanni. Ba dorina ba ce, ba kuma kifi ba ce. Masana halitta sun sanya ta a dangi ɗaya da dodon koɗi. Jinsinta kusan 300 ne, kuma duka a teku suke, babu ko ɗaya da ke rayuwa a kogi ko tafki. Ba ta da ƙashi ko guda. Abu mai tauri a jikinta shi ne baki irin na aku, shi ya sa duk ramin da bakin ya wuce, sauran jikin ma zai wuce. Zuciyarta uku, jininta shuɗi. Wancan ƙullutun da ake ɗauka kai ne, jaka ce da ta ƙunshi kayan ciki. Kan na gaskiya yana tsakanin jakar da hannuwa, bakin kuma yana tsakiyar hannuwan. Wannan tsari kaɗai ya isa ya nuna cewa mai zanen da ya bar mutum yadda yake daga kai zuwa ƙugu, sannan ya manna masa hannuwa takwas a ƙasa, wata halitta ya zana dabam.

Hanyar kamuwa ita ce mafi sauƙi, domin muna da samfuri a gida. Tsargiya, cutar fitsarin jini da ta addabi yaran da ke wanka a magudanan noman rani na Kura da Bunkure da Garun Malam, da fadamun Auyo da Guri, daga jikin ƙananan dodon koɗi take fitowa. Tsutsar tana barin dodon, ta yi iyo a ruwa, ta huda fatar wanda ya shiga, ya ji ɗan ƙaiƙayi ya manta. Tunda oktofus da dodon koɗi dangi ne, marubuci zai iya ɗora cutarsa a kan wannan hanya kai tsaye: wata ƙwayar cuta da ke zaune a dodon koɗin da ke maƙale a saiwar kacalla, tana ɗauke da umarnin gina jiki irin na danginsu. Wannan zaɓi yana warware abubuwa da yawa a lokaci ɗaya. Ya bayyana dalilin da ya sa masunta da masu yankan kacalla da 'yan mata masu wanki ne ke kamuwa, ya kuma nuna cewa ba a ɗauka ta hanyar gaisawa ko cin abinci a kwano ɗaya. Mutanen ƙauyen ba za su san haka ba, za su guji mara lafiyar su ci gaba da shiga ruwan, kuma rabin tashin hankalin labarin yana nan.

Inda yawancin masu irin wannan labari suke tuntuɓe shi ne jerin matakai. Hankali yakan tafi ga narkewar ƙashi, domin ita ce ta fi ban tsoro, sai a fara da ita. Idan aka fara da ita, mutumin ya mutu a shafi na biyu. Huhu ba ya jawo iska da kansa. Haƙarƙari ne ke buɗewa, tantanin da ke raba ƙirji da ciki ya sauka, iska ta shiga. Ranar da haƙarƙari ya yi laushi, ƙirji zai lotsa kamar salkar da aka juye, numfashi ya ɗauke cikin mintuna. Haka kuma a cikin ɓargo ake ƙera jini, kimanin jajayen ƙwayoyi miliyan 2 a kowace daƙiƙa. Don haka ƙa'idar ita ce, ba a rushe tsohon ɗaki sai sabon ya samu rufi. Fata da ido su fara, jini ya biyo, sannan mashaƙar ruwa, wato irin jan naman nan da ke ƙarƙashin kunnen kifi. Ƙashi ne na ƙarshe. Shekara biyu tsawo ne mai ma'ana ga dukkan tafiyar, kuma ya fi kyau a jera ta a kan yanayin shekara, domin kowane yanayi da irin azabarsa.

A ce masuncin ya kamu a tsakiyar damina. Zuwa kaka alamar farko ta bayyana a fata. Fatar mutum tana yin duhu ko haske a hankali, cikin kwanaki ko makonni. Ta oktofus kuwa cike take da dubban 'yan jakunkunan launi, kowace da ƙananan tsokoki kewaye da ita. Jijiya ta ba da umarni, tsokokin su ja, jakar ta baje launin ya fito, su saki ya ɓace, duk cikin ƙasa da daƙiƙa guda. Launukan jakunkunan ja ne da ruwan ɗorawa da ruwan ƙasa mai duhu. A kan baƙar fata ba za a gan su sosai da farko ba, don haka a fara da tafin hannu da cikin leɓe. Matarsa ce za ta fara lura: tana miƙa masa kwanon fura, sai ta ga wata inuwa ta ratsa tafin hannunsa ta wuce kamar gajimare. Abin da ya kamata marubuci ya riƙe shi ne, launin yana bin halin zuciya kafin mai shi ya koyi sarrafa shi. Oktofus takan yi fari fat idan ta firgita, ta yi duhu idan ta harzuƙa. Ka ɗora wannan a kan mutumin da aka tarbiyyantar da kara da kunya da haɗiye fushi. Yana gaban surukinsa yana cewa ba komai, Baba, wallahi ba komai, wuyansa kuma ya yi jawur yana ƙaryata shi.

Ido ba ya buƙatar dogon bayani. Ɗan idon oktofus a kwance yake, kamar na akuya, kuma bincike ya nuna yawancinsu ba sa bambance launi duk da gwanintarsu wajen sauya shi. Wato mutumin zai daina ganin launukan da jikinsa ke nunawa, sai dai a gaya masa.

Hunturu shi ne jarrabawar farko ta gaske. Sabuwar fatar mai yauƙi ce, ba ta riƙe ruwa, kuma a watan Janairu danshin iska a wannan yanki yakan sauka ƙasa da kashi 20 cikin 100. Man kaɗanya da basilin ba za su wadatar ba, sai jiƙaƙƙen zane da ake sauyawa dare da rana, ga kuma sanyi. A nan gidan zai fara lissafin ruwa, wa zai je rijiya, sau nawa, wa zai bar makaranta saboda haka.

Sauyin jini ya fi dacewa da bazara. Jinin mutum ja ne saboda sinadarin ƙarfe, giram 3 zuwa 4 a jikin baligi, kuma a cikin jajayen ƙwayoyi yake. Na oktofus yana aiki ne da jan ƙarfe, a narke cikin ruwan jinin. Idan ya ɗauki oksijin sai ya yi shuɗi, idan ya sauke ya koma kusan garau. Jajayen ƙwayoyin mutum kwana 120 suke yi, don haka idan ɓargo ya daina ƙera sababbi, wata huɗu ya isa tsohon jini ya ƙare. Idan kuwa suka riƙa fashewa da sauri, ido zai yi ɗorawa, fitsari ya yi duhu kamar shayi, kowa a gari ya ce shawara ce, a shiga jiƙe-jiƙe. Matsala ta biyu ita ce samun jan ƙarfen, domin duk abin da ke jikin mutum kusan miligiram 100 ne kacal. Mara lafiyar zai riƙa kwaɗayin hanta da gyaɗa da riɗi, waɗanda suke da shi, har a kama shi yana tsotsar tsohuwar munduwar tagulla ta kakarsa. Akwai wata cuta ta gaske da likitan nan Kinnier Wilson ya bayyana a 1912, inda jan ƙarfe ke taruwa a hanta da ƙwaƙwalwa, har ya yi zobe mai ruwan ƙasa a gefen baƙin ido. Likitan da ke cikin labari, idan ya san aikinsa, ita zai fara zato. Sannan shuɗin jini ragon ɗauka ne, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na oksijin da jan jini ke ɗauka yake iya ɗauka. Abin da ya sa oktofus ke da zuciya uku ke nan, biyu suna tura jini ta mashaƙa, ɗaya tana rarraba shi a jiki, kuma duk da haka saurin gajiya gare ta. Saboda haka kada a rubuta mutumin yana bin mutane da gudu. Daga ɗaki zuwa zaure sai ya huta sau biyu.

Yanzu ga lissafin da duk labarin ya rataya a kansa. Lita ɗaya ta iska tana ɗauke da oksijin kusan mililita 210. Lita ɗaya ta ruwa mai ɗumi, kusan mililita 5 kacal. Baligi a kwance ba ya komai yana cin kimanin mililita 250 a minti. Idan zai samo wannan daga ruwa, sai ya tace lita 50 a kowane minti, wato jarka biyu masu lita 25, kuma wannan idan ya zuƙe oksijin ɗin tas ke nan, abin da babu mashaƙar da ke iyawa. Tankin roba mai lita 1,000 zai ƙare masa cikin minti 20. Mafita ɗaya ce, jikin ya daina ɗumama kansa. Dabbobi masu sanyin jini suna cin kusan kashi ɗaya cikin goma na abin da masu ɗumin jini ke ci. Idan buƙatarsa ta sauka zuwa mililita 25, tankin zai kai shi sa'a uku da 'yan kai, sannan a nemi famfon hura iska irin na masu kiwon tarwaɗa, da sola ko janareto, ko kuma yara su riƙa kamfatar ruwan da ƙwarya suna kwararo shi daga sama.

Amma ƙwaƙwalwar mutum ita kaɗai tana cin kashi 20 cikin 100 na oksijin ɗinsa, kimanin mililita 50 a minti, ninki biyu na duk kasafin sabon jikin. Tana da ƙwayoyin jijiya kusan biliyan 86, oktofus kuwa kimanin miliyan 500. Ma'ana, ba zai yiwu ya shiga ruwa da cikakken hankalinsa na da ba. Dole wani abu ya tafi, kuma marubuci ne zai zaɓi abin da zai fara tafiya da abin da zai yi saura. A ganinmu nan ne labarin yake, ba a yauƙi da tawadar da oktofus ke fesawa ba. Lissafin kuɗi ne zai fara ɓace masa, ko sunayen 'ya'yansa? Surorin da ya haddace tun yana makarantar allo za su daɗe fiye da abin da ya faru jiya? Muryarsa ma za ta tafi ranar da huhu ya daina aiki, domin magana iska ce da ke ratsa maƙogwaro. Ka duba uwar da ba ta taɓa kiran ɗanta na fari da sunansa ba saboda alkunya, shekara talatin tana cewa wannan yaron, ko kai wane. Ta tsuguna a bakin tanki ta kira sunan a karon farko don ta ga ko zai gane, sai launi ya ratsa jikinsa. Irin wannan wuri ne ke sa mai karatu ya ajiye waya ya yi shiru.

Ga matakin tsakiya, lokacin da yake da huhu da mashaƙa a tare, ba sai an je teku neman misali ba. Gaiwa tana nan a fadamun Hadejia, tana da huhu tana da mashaƙa, kuma idan ruwa ya janye takan shige laka ta lulluɓe kanta da yauƙi ta jira damina, tana rayuwa da tsokar jikinta. Shi ya sa ake cewa gaiwa jikinta take ci. Duk masunci ya san ta, don haka da ita mutanen ƙauyen za su kwatanta shi, ba da dabbar da ba su taɓa gani ba. Sunan cutar ma daga nan ya kamata ya fito. Bahaushe yakan raɗa wa ciwo suna ne daga abin da ya gani, ciwon gaiwa, ko laushi, ko mai-yauƙi.

Ƙashi, idan lokacinsa ya zo, yana da nasa haɗarin. Ƙasusuwan baligi 206 suna riƙe da kalsiyam kusan kilo ɗaya, alhali duk wanda ke yawo a jini bai wuce rabin giram ba. Idan ya ƙaru kaɗan sama da ƙima, sai ƙishirwa da ruɗewa da tsakuwar ƙoda, bugun zuciya ya rikice. Ƙoda tana fitar da miligiram 200 zuwa 300 ne a rana. Ko an raba kilo ɗayan nan a kan shekara biyu cur, giram ɗaya da kusan rabi ke nan kullum, ya fi ƙarfinta nesa. Sai a ba shi wata ƙofar fita, kuma dangin sun riga sun nuna ta, domin da kalsiyam dodon koɗi ke gina katantanwarsa. Bari ya riƙa fitowa ta fata, ya bushe ya zama ɓawo fari kamar alli, kullum da safe matarsa ta kakkaɓe tabarma ta share ƙashin mijinta da tsintsiya. A fara da yatsu, a bi ta dantse da ƙwauri, a bar haƙarƙari da ƙashin baya da ƙoƙon kai zuwa ƙarshe.

Ta yaya gaɓoɓi huɗu za su zama takwas? Akwai dabara a jikin mutum kansa. Tsakanin gwiwar hannu da wuyan hannu ƙashi biyu ne a jere, haka ma tsakanin gwiwa da idon sawu. Idan kowace gaɓa ta tsage ta bi wannan layi, huɗu sun zama takwas. Wajen bayyana motsinsu, a tuna da harshe. Harshe ba shi da ƙashi amma yana miƙewa, yana lanƙwasa, yana tauri, domin tsokokinsa suna matsar juna. Hannun oktofus haka yake aiki, haka ma hancin giwa. A ƙarƙashin kowane hannu akwai 'yan ƙoƙuna masu tsotso, sama da 200 a manyan jinsuna, suna kamawa kamar ƙahon wanzami, su bar irin zagayen tabon da yake bari. Ba kamu kaɗai suke yi ba, suna ɗanɗano. Duk abin da ya taɓa sai ya ji ɗanɗanonsa, ƙasa, sabulu, gumin hannun mai jinyarsa. Kuma kashi biyu cikin uku na ƙwayoyin jijiyar oktofus a hannuwa suke, ba a kai ba, shi ya sa kowane hannu yake da ɗan 'yancinsa. Mutumin zai ga hannunsa ya miƙa ya ɗauko kifi daga kwano bai aike shi ba. Oktofus da ke cikin ƙunci an san takan ci hannunta, kuma wanda ya yanke yana sake tsirowa cikin makonni ko watanni.

Saura gishiri, kuma shi ne abin da ya bambanta wannan labari a Jigawa da irinsa a bakin teku. Ruwan teku yana da gishiri kusan giram 35 a lita, jinin mutum giram 9, ruwan kogi kusan babu. Jinin oktofus daidai yake da teku. Idan aka sa ta a ruwan daɗi, ruwa zai riƙa shiga jikinta kamar waken da aka jiƙa ya kwana, ta kumbura ta mutu. Marubuci yana da zaɓi biyu, kuma dole ya tsaya a kan ɗaya. Ko dai ya bar wa mutumin ƙodarsa da gishirin jininsa na mutum, ya riƙa fitar da fitsari mai yawa kamar yadda kifin kogi ke yi, sai ya iya zama a Kogin Hadejia. Shuɗin jini bai hana haka ba, ƙaguwar kogi ma shi gare ta. Ko kuma ya bi dabbar sau da ƙafa, jikin ya koma neman teku. Zaɓi na biyu ya fi tsanani kuma ya fi ba da labari, domin ambaliyar da mai karatu ke tsammanin za ta 'yantar da shi, irin wadda ta ci garuruwan Jigawa a 2022, ita ce za ta kashe shi idan ta shiga tankinsa.

A zaɓi na biyun, ga abin da gidan zai fuskanta. Duro mai lita 200 yana buƙatar gishiri kilo 7, tanki mai lita 1,000 kilo 35. Oktofus tana fitar da ƙazantarta cikin ruwan da take numfashi da shi, ammoniya ta taru ta ƙona mashaƙa, abin da duk mai kiwon tarwaɗa ya sani daga wari. Idan ana sauya kashi ɗaya cikin biyar kullum, kilo 7 ke nan na gishiri da jarka takwas na ruwa a kowace rana. Gishirin miya shi kaɗai bai cika ba, ruwan teku yana da magnesiyam da kalsiyam da wasu sinadarai, don haka zai yi ta rama a hankali. Wani dattijo zai ba da shawarar a ƙara kanwa tunda ita ma gishiri-gishiri ce, kuma hakan zai ɗaga kaifin ruwan ya saluɓe masa fata. Wani zai kawo kantun Bilma, wani ya tuna da rijiya mai zartsi da aka daina sha. Duron ƙarfe zai yi tsatsa cikin kwanaki. Abin mamaki kuma, jan ƙarfen da jininta ke buƙata guba ne gare ta idan ya narke a ruwa, masu kiwon oktofus a tanki suna gudunsa ƙwarai, don haka tsohon famfo na tagulla ya isa ya gama da shi. Ga zafi: a watan Afrilu yakan haura digiri 40, kuma ruwa yana ƙara ɗumi yana rage oksijin. A binne tankin rabi a ƙasa ƙarƙashin rumfa, a naɗe shi da jiƙaƙƙen buhun algarara, dabarar randa ke nan.

Jama'ar da ke kewaye da shi ma suna da jerin matakansu, kuma kada a tsallake su. Kemis tukuna, sai rubutu da turare, sai asibitin sha-ka-tafi, sai babban asibiti, kafin a kai ga Asibitin Koyarwa na Aminu Kano. Mai unguwa ya kai wa dagaci, dagaci ya kai wa hakimi, sarkin ruwa ya ce a hana shiga wani tafki, manoman rani su ƙi. Wanda ke son ganin yadda ake gano baƙon ciwo a karkara ya nazarci gubar dalma ta Zamfara a 2010, inda ɗaruruwan yara suka rasu kafin a gane cewa dutsen zinariya da ake daka a cikin gidaje ne sanadi. Tambayoyin addini za su taso da kansu: yaya zai yi alwala da salla, yaya matsayin aurensa, tunda a mazhabar Malikiyya akwai cututtuka irin su kuturta da hauka da ke ba wa mace ko miji zaɓin rabuwa. Gado kuwa ba a raba shi mai shi yana raye, kuma 'yan'uwan da ke hangen gonarsa za su so a ce wannan abin da ke tanki ba shi ba ne. Marubuci ya zauna da malami a kan waɗannan, kada ya ƙaga fatawa.

Tsawon rai ma a yi lissafinsa. Yawancin jinsunan oktofus shekara ɗaya zuwa biyu suke yi, babbar da ke tekun Fasifik uku zuwa biyar. Namijin yakan mutu ba da jimawa ba bayan barbara. Macen tana zama a kan ƙwanta tana hura musu ruwa, ba ta cin komai, suna ƙyanƙyashewa ta mutu. A 1977 wani mai bincike a Amurka, Jerome Wodinsky, ya cire wata 'yar gaɓa da ke kusa da jijiyar idon matan oktofus, sai suka bar ƙwan suka koma cin abinci, suka ƙara tsawon rai. Idan labarin yana buƙatar likita ya yi wani abu mai amfani, wannan tiyatar ce, ba allurar da za ta mayar da shi mutum ba. Ƙashin da aka share da tsintsiya ba ya dawowa.

Idan aka yanke shawarar kai shi teku, kada a sake shi a kogi da fatan zai isa. Kogin Hadejia ba teku yake zuwa ba, gabas yake yi ya haɗu da na Jama'are su zama Komadugu Yobe, su faɗa Tafkin Chadi, shi ma ruwan daɗi. Hanyar mota ce kawai, kusan kilomita 1,000 daga Kano zuwa Legas, da tankin da ya kai tan guda idan ya cika. A yi tafiyar da dare saboda zafi, a bar sarari a saman tankin domin girgizar mota ta riƙa cuɗa iska da ruwa, a sa ƙanƙara a ƙulle cikin leda don kada ta narke ta salance gishirin. A ɗaure murfin da igiya, domin oktofus gwanar buɗe murfi ce. A Legas ma ba a lagun, wato tafkin da ke haɗe da teku, za a sauke shi ba, ruwanta gauraye ne, kuma da damina gishirinsa yana raguwa ƙwarai. Sai an fita bakin teku sosai. A can ma ba a juye shi kai tsaye. Ana ɗebo ruwan teku ne da bokiti, a zuba kaɗan a kwashe kaɗan, tsawon sa'a ɗaya ko biyu, har sanyin tankin da gishirinsa su yi daidai da na waje, sannan a kwance igiyar.